Gwamnonin sojan Sparta: su suka kashe daular ko 'yan gari?

Dalibin_Samaru
Assalamu alaikum 'yan zaure. Wani abu ya tsaya mini a rai tun makon jiya, na ce bari in kawo shi gaban manya. Atina ta riƙe garuruwan Girkawa na tsibirai da gaɓar teku sama da shekara 70, daga 478 zuwa 404 kafin Miladiyya. Sparta ta yaƙe ta shekara 27 da sunan za ta 'yantar da Girkawa, ta ci ta, ta gaje daular. Amma ita shekara 33 kacal ta yi, a 371 garin Tibis ya karya ta a yaƙin Liyuktira. Ikonta na teku ma shekara goma ya yi.

Ni a ganina abin da ya kashe ta shi ne gwamnonin sojan da ta riƙa dasawa a garuruwan mutane, waɗanda suke kira harmost. A turo mutum ɗaya daga Sparta, a girke masa dakaru a kan dutsen tsakiyar gari, shi ke nan gari ya zama nasa. Na yi daidai ko na yi gaggawa? Na biyu, me za mu kira harmost da Hausa? Ƙannena 'yan sakandare nake son in ba labarin, ba na son in yi ta jefa musu baƙar kalma.

Malam_Na_Gwale
Wa alaikumus salam. Bari in fara da ta biyun, ta fi sauƙi. Asalin kalmar daga haɗawa ne ko daidaitawa, kamar yadda kafinta ke haɗa katako biyu su zauna daram. Wato "mai daidaita al'amura". Ka ji suna mai daɗi, an turo maka mutum da sojoji ɗari bakwai amma sunansa mai daidaitawa. Ni da kantoma zan ce musu, yara sun san kantoma.

Sarkin_Musu
Allah ya gafarta Malam, kantoma bai yi ba. Kantoma ɗan ƙasa ne, gwamnatinka ce ta turo shi ya riƙe ƙaramar hukuma kafin a yi zaɓe. Wannan baƙo ne daga garin da ya fi ku ƙarfi. Razdan ya fi kusa.

BaDamagare
Mu a nan kumandan za mu ce, kowa ya gane. Razdan naku ai farar hula ne yawanci, namu kuwa da kakinsa ya fara zuwa.

Hajiya_Mai_Alli
Ɗana Dalibi, ka bar maganar suna tukuna, tambayarka ta farko ce ke da gyara. Ka ɗora wa baƙo laifin duka, alhali da ɗan gari akan ci gari. Ɗauki Atina kanta.

Da ta miƙa wuya a 404, aka rushe dogayen ganuwoyin da suka haɗa ta da tashar jirgin ruwa ta Firayus, 'yan mata na busa sarewa, mutane na cewa yau Girka ta samu 'yanci. Aka bar mata jirage 12. Aka ɗora mutum 30 'yan gari, wai su tsara dokoki. To wa ya kawo harmost? Su 'yan Talatin ɗin ne da kansu suka tura mutum biyu Sparta wajen Lisanda, kwamandan jiragen yaƙinta da ya ci Atina, suka roƙa a ba su dakaru, suka ce su za su ciyar da su. Aka turo Kalibiyas da soja 700 suka hau Akrofolis, dutsen tsakiyar garin. Zenofon, marubucin tarihi na lokacin, ya ce lallaɓa shi suka riƙa yi ta kowace fuska don duk abin da suka yi ya ce daidai ne. In suna son kama wani sai ya ba su 'yan rakiya.

Abin da ya biyo baya kuwa ba Kalibiyas ne ya tsara ba. Su suka zaɓi mutum 3,000 suka ce su kaɗai ne cikakkun 'yan gari. Su suka kira fareti, aka yi wa sauran wayo aka kwashe makamansu aka kai saman dutse. Da kuɗin biyan sojojin ya yi wuya, su suka yanke shawarar a kama baƙi masu kuɗi mazauna gari, a kashe, a kwashe dukiya. A cikin wata takwas ko makamancin haka an kashe mutum wajen 1,500. Har ɗayansu, Teramenis, da ya ce abin ya yi yawa, guba suka ba shi ya sha. Aikin sojan Sparta a ranar shi ne cika harabar majalisa don kada wani ya motsa.

Ummu_Hanif
Hajiya, abin da ba na mantawa a wannan labarin shi ne 'yan kunne. Lisiyas, wanda yake rubuta wa mutane jawabin kotu, yana cikin baƙin da aka kai wa samame. Gidansu na da masana'antar garkuwa. Aka kwashe garkuwa 700 da bayi 120, aka ba ɗan'uwansa Folemakus guba ba tare da ko an faɗa masa laifinsa ba. Duk wannan bai ishe su ba, ɗaya daga cikin 'yan Talatin, Melobiyas, yana shiga gidan ya cire 'yan kunnen zinariya daga kunnen matar Folemakus. Ba basparte ba ne fa, ɗan Atina ne, ƙila ma sun sha haɗuwa a kasuwa.

Dalibin_Samaru
Na karɓi gyara, Hajiya. Amma shi ma Kalibiyas ba waliyyi ba ne. Marubuci Fulutak ya kawo cewa ya ɗaga sanda zai doki Otolikus, wani shahararren ɗan wasan nan nasu mai haɗa dambe da kokawa, shi kuwa ya kwashe masa ƙafafu ya yi ƙasa da shi. Da aka kai wa Lisanda ƙara, cewa ya yi Kalibiyas bai iya mulkin 'ya'ya ba. Bayan ɗan lokaci 'yan Talatin suka kashe Otolikus don su faranta wa Kalibiyas rai. Sandar nan ita nake nufi. A gida sun saba da dukan bayin gandu, sai suka fita waje da halin.

TsohonSaje
Yaro, ku duka biyun kuna da gaskiya, amma bari wanda ya taɓa tsayawa a shinge ya ce wani abu. An taɓa kai mu wani gari bayan rikici, ba zan faɗi sunansa ba. Ba mu jin yarensu, ba mu san wane ne wane ba. Kwana uku da saukarmu wani attajiri ya fara aiko mana da tuwo da miyar kaji, kullum da yamma, kwano huɗu. A mako na biyu kwanukan suka zo da takarda a ƙarƙashi, sunayen mutum tara, wai su ne masu tada fitina. Ogammu yaro ne sabon fitowa, har ya ce a shirya mota. Wani kofur da ya ɗan zauna a yankin ya ce a yi bincike tukuna. Ashe shida daga cikin taran shari'ar gona suke yi da mai tuwon.

Baƙon soja makaho ne, wanda ya riƙe masa sanda shi ke kai shi inda ya ga dama. Kuma in ka ci tuwon mutum kwana goma, da wuya ka ce masa ƙarya yake. Da na karanta abin da Hajiya ta ce na su za su ciyar da dakarun, sai na ce to, an gama.

Ummu_Hanif
Baba Saje, ya aka ƙare da mai tuwon?

TsohonSaje
Kwano ya daina zuwa, 'yata. Muka koma garau-garau.

Dan_Santambul
Ni ina zaune a garin da ya fi kowa ɗanɗana waɗannan mutanen, don Bizantiyam ta da ita ce unguwar da ke kan tsinin nan inda fadar Topkapi take yanzu. In ka tsaya a wajen ka ga yadda jirage ke matsewa a mashigin, za ka gane dalilin da ya sa kowa ke son garin: hatsin da Atina ke ci daga Baƙin Teku ta nan yake wucewa.

Baba Saje ya ce baƙon soja makaho ne. Wani dai. Kilyakus da idonsa garau. Shi ne harmost a nan wajen 408 lokacin da 'yan Atina suka yi wa garin ƙawanya. Abinci ya yi ƙaranci, sai ya tattara wanda ya rage ya ba sojojinsa, mata da yara na mutuwa da yunwa. Ya haye teku neman kuɗi wajen gwamnan Farisa, kafin ya dawo 'yan gari sun buɗe wa abokan gaba ƙofa cikin dare. Abin mamaki, daga baya an gurfanar da ɗaya daga cikin masu buɗe ƙofar, Anaksilawus, a Sparta. Ya ce shi ba ɗan Sparta ba ne, ɗan Bizantiyam ne, bai ci amanar garinsa ba, ceto shi ya yi, don yana ganin yara na mutuwa. Suka sallame shi.

To kun san me Sparta ta yi bayan yaƙi? Wannan Kilyakus ɗin dai ya sake komawa Bizantiyam, ya karkashe manyan gari, ya zama sarkin kansa, har sai da Sparta ta tura runduna ta fitar da shi. Daga nan ya gudu wajen Sairus ƙaramin, ƙanin sarkin Farisa, ya jagoranci sojojin hayar nan dubu goma zuwa cikin Farisa a 401, can aka yaudare shi aka kashe. Zenofon da ya yi tafiyar tare da shi ya ce fuskarsa kullum a murtuke, muryarsa a kaushe, kuma yakan ce soja ya kamata ya fi tsoron kwamandansa a kan abokin gaba. Irin wannan mutum aka ba garin 'yan kasuwa.

Amma don adalci, a garin nan ɗaya an ga iri biyu a jere. Da ragowar dubu goman suka dawo a 400, harmost Kiliyanda ya sa aka kula da marasa lafiyarsu a gidajen mutane. Wanda ya gaje shi, Aristakus, yana sauka ya sayar da 400 daga cikinsu bayi. Girkawa 'yan'uwansa fa.

Sarkin_Musu
Duk kuna magana kamar Atina uwa ce mai shayarwa. Gwano ba ya jin warin jikinsa, kuma kusan duk littattafan da muke karantawa 'yan Atina ne suka rubuta ko waɗanda suka sha ruwanta. Ita ma ta girke dakaru da kwamandansu a garuruwa, akwai rubutun dutse kan garin Eritirai da ke nuna kwamandan tsaronta har da hannu a naɗa majalisar gari. Tana tura masu sa ido, tana ƙwace gonaki ta raba wa 'ya'yanta, tana karɓar haraji. A Melos a 416 ta kashe maza baligai, ta sayar da mata da yara. Wane harmost ne ya yi wannan?

Lauya_Ba_Riga
Babu mai wanke Atina, Sarki. Bambancin shi ne tsari. Ɗan Atina da aka tura waje ya san in ya dawo zai tsaya a binciki aikinsa, kuma kowa na iya kai ƙararsa gaban alƙalai ɗaruruwa. Harmost fa? Zenofon, wanda masoyin Sparta ne har ya zauna a ƙasarsu, ya rubuta cewa a wancan lokacin basparte ko shi kaɗai ne yana iya yin abin da ya ga dama a garuruwa.

Ga wata shaida. A 377 da Atina ta kafa sabon ƙawance, ta sassaƙa sharuɗɗan a dutse, dutsen na nan har yau: duk garin da ya shiga zai yi mulkin da yake so, ba za a girke masa dakaru ba, ba za a turo masa gwamna ba, ba zai biya haraji ba. Ba a rubuta wa mutum alkawarin abin da ba ya tsoro. Wannan ya nuna abin da ke ci wa garuruwa tuwo a ƙwarya, daga ɓangarorin biyu.

Malam_Na_Gwale
Akwai abin da ya kamata a sa a gaba, Dalibi, in za ka ba yara labarin. Abin bai fara da Lisanda ba. A 424 Burasidas ya isa Akantus a arewa dab da girbin inabi. Marubucin tarihi Tusididis ya ce a matsayinsa na basparte bai yi laifi ba wajen iya magana. Ya ce musu 'yanci ya kawo, kuma ya sa hukumomin Sparta sun rantse duk garin da ya bi su zai ci gashin kansa. Ya ƙara da cewa in sun ƙi zai lalata gonakin. Suka dubi inabinsu suka yarda. Shekara ɗaya tak bayan haka, a 423, aka zo da wasu samari daga Sparta aka ɗora su a kan garuruwan: Kiliyaridas a Amfifolis, Fasitelidas a Torone. Tun kafin nan ma, sabon garin da suka kafa a Herakliya a 426 gwamnoninsu ne suka kore yawancin mutanensa da tsanani.

Lisanda abin da ya yi shi ne mai da shi tsari. Bayan ya kame jiragen Atina a Egosfotami a 405, duk inda ya bi sai ya bar harmost ɗaya da majalisar mutum goma daga abokansa na garin, ba ruwansa da ko garin abokin gaba ne ko abokin ƙawance. Ba asali yake dubawa ba, ba dukiya ba, biyayya gare shi kawai. Wani mai wasan barkwanci na lokacin ya kwatanta Spartawa da mata masu gidan giya: sun ɗanɗana wa Girkawa zaƙin 'yanci, sannan suka tsiyaya musu ruwan tsami.

Yar_Kantin_Kwari
Wato samfur daban, kayan da ke cikin dila daban. Mun san wannan.

BaDamagare
Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne inda jakadun Tibis suka je Atina a 395 suna neman a haɗa kai a yaƙi Sparta. Cikin ƙorafinsu har da cewa Spartawa bayinsu na gandu suke naɗawa harmost a kan 'ya'ya. Ya tuna mini da namu. A 1906 Faransawa sun tuɓe Sarkin Damagaram suka ba wani bawan fada, Ballama, riƙon gari. Dabarar ɗaya ce, a ɗora wanda ba shi da kowa sai wanda ya ɗora shi.

Hajiya_Mai_Alli
Malam BaDamagare, a yi hattara da wannan. Maganar bayin daga bakin abokan gaba ta fito, a jawabin neman yaƙi. Duk harmost ɗin da muka ambata a nan da sunansa, Kilyakus, da Sfodiriyas da Darkilidas da za a zo kansu, manyan 'yan gari ne. Mai yiwuwa 'yantattu ko masu rabin asali suke yi wa gori. Shi kansa Lisanda an ce a gidan talauci ya tashi. Kuma misalinka ya fi kama da 'yan goman Lisanda, don Ballama ɗan gari ne, kumandan shi ne harmost ɗin.

BaDamagare
Haka ne Hajiya, na juya su. Na gode.

Dan_Canji
Ku bar ni in shigo ta ɓangaren sana'ata. Ba garuruwan kaɗai harmost ya ɓata ba, gidansu ma ya ɓata. Mutanen da kuɗinsu na gida ƙarfe ne mai nauyi don kada kowa ya tara, kwatsam ga haraji na shigowa, marubucin tarihi Diyodoras ya ce sama da talanti 1,000 a shekara. Talanti ɗaya dirakma 6,000 ne, wajen kilo 26 na azurfa, a lokacin da dirakma ɗaya ladan yinin ma'aikaci ne. Ku lissafa.

Lisanda ya ba Gilifus, gwarzon da ya karya 'yan Atina a Sisili, jakunkunan kuɗi ya kai gida. Bawan Allah ya farke ɗinkin ta ƙasa, ya ɗebi rabonsa a kowace jaka, ya sake ɗinkewa, bai san a cikin kowace akwai 'yar takarda mai adadin abin da ke ciki ba. Da aka ƙirga bai cika ba. Baransa ya ce wa hukuma akwai mujiyoyi da yawa da ke kwana a ƙarƙashin rufin gidansu. Kuɗin Atina hoton mujiya ne a jiki. Gilifus ya bar gari da kunya. Toraks kuma, wanda Lisanda ya bar wa Samos, kashe shi aka yi don an same shi da azurfa tasa ta kansa.

Zenofon da kansa ya koka cewa a da Spartawa sun fi son zaman gida da ɗan abin da suke da shi, yanzu kuwa manyansu burinsu kada su daina zama harmost a ƙasar wasu. Wanda ya saba ana yi masa fadanci a Samos, ka ce ya dawo teburin gayya, inda mazan Sparta ke cin abinci tare, ya sha baƙin romo?

Zango_Kumasi
Yayyena, kun tara miyagu kun bar na kirki. Darkilidas fa? Don wayo har laƙabin Sisifus, gwanin wayo na tatsuniyarsu, suka ba shi. Ya karɓi garuruwa tara cikin kwana takwas, yawanci da baki, kuma ya hana sojojinsa taɓa kayan abokan ƙawance. Ga gwajin gaskiya: a 394 da aka farfasa jiragen Sparta a Kinidus, Konon ɗan Atina da Farnabazus na Farisa suka bi tsibirai suna korar harmost ɗaya bayan ɗaya, suna alkawarin ba za su gina wa kowa bariki a kan dutse ba, mutane na tafi. Abidos ta ƙi. Ta tsaya da Darkilidas, har ya tattara sauran harmost da aka koro ya ba su mafaka. Da tsarin ne gaba ɗaya ruɓaɓɓe, da Abidos ma ta kore shi.

Sarkin_Musu
Gari ɗaya ko biyu cikin nawa? Ai kai ka kawo hujjar Dalibi da hannunka.

Yar_Kantin_Kwari
Ba shi ne tuzurun da wani saurayi ya ƙi tashi ya ba shi wurin zama ba, ya ce ai kai ba ka haifi wanda zai tashi ya ba ni ba?

Zango_Kumasi
Shi ne, Yaya. An ce shi dai yawo ya fi so a kan zaman gida.

Lauya_Ba_Riga
Mu dawo kan tambayar. Ni in za a ce in nuna inda harmost ya jawo wa Sparta mutuwa da hannunsa, Tibis zan nuna, kuma laifin ba na harmost ɗin kaɗai ba ne, na kotun da ke bayansa ne.

A 382 ana zaman lafiya, Fobidas, wani kwamandan Sparta, na wucewa da runduna zuwa arewa. Wani babban ɗan Tibis, Liyontiyadis, da ke rigima da abokin hamayyarsa, ya hau doki ya bi shi ya juyo da shi. Tsakar rana ce ta bazara, tituna ba kowa, mata na bikinsu a kan dutsen Kadmiya don haka majalisa ta koma kasuwa. Ya shigar da su ya miƙa musu makullin ƙofa. Hajiya za ta ce da ɗan gari, kuma haka ne. To me Sparta ta yi? Sarki Agesilawus ya ce abin dubawa kawai shi ne ko aikin ya amfani Sparta. Aka ci Fobidas tara, aka riƙe dutsen, aka girke soja 1,500. An hukunta ɓarawo an riƙe kayan sata.

A hunturun 379 'yan gudun hijira kaɗan suka shigo daga Atina da shigar mafarauta ko manoma, cikinsu har da Felofidas. Manyan gari na shan giya ana jiran a kawo musu mata, sai aka shigo da maza cikin lulluɓi. Ɗayansu, Arkiyas, an kawo masa wasiƙar gargaɗi a wurin, ya tura ta ƙarƙashin matashi ya ce manyan maganganu sai gobe. Dakarun dutsen suka tsorata suka nemi a bar su su fita. Ku lura da wannan: Sparta ta kashe harmost saboda ya bar dutsen, amma wanda ya sace dutsen tara kawai ya biya, har ma daga baya aka ba shi riƙon Tesfiya.

Sai Sfodiriyas, harmost na Tesfiya a 378. Ya ɗebi runduna da daddare wai zai kame Firayus kafin asuba, alhali ba a yaƙi da Atina, jakadun Sparta ma na cikin garin a lokacin. Gari ya waye masa a filin Tiriya, ko kusa bai kai ba. Maimakon ya koma shiru, ya bi hanya yana kwashe shanu yana fasa gidaje. Aka kira shi shari'a ya ƙi zuwa don tsoro, kuma duk da haka aka wanke shi, saboda ɗansa aminin ɗan Agesilawus ne, sarkin kuma ya ce Sparta na bukatar irin waɗannan sojoji. Nan take Atina ta sa wa Firayus ƙofofi ta koma bayan Tibis.

Sarkin_Musu
Lauya, maganar Agesilawus ɗin nan da ka kawo don ka kushe shi, ita ce amsar tambayar gaba ɗaya. Me ya sa ya ce suna bukatar sojoji? Don ba su da su. A zamanin yaƙin Farisa ana maganar cikakkun Spartawa 8,000, sun fitar da 5,000 a Filatiya a 479. A Liyuktira 700 ne a fili, 400 suka mutu, har da Sfodiriyas da ɗan nasa. Aristotal ya ce ƙarancin maza ne ya halaka garin, bugu ɗaya ya kasa ɗauka. Gonaki sun taru a hannun 'yan kaɗan, wanda ya kasa biyan kason teburin gayya ya fita daga sahun 'yan gari. Harmost alama ce ta ciwon: ba ka da mutanen da za ka tura, sai ka tura mutum ɗaya da sojan haya da 'yantattun bayi, ka ce ya yi ta maza. Ko mala'iku suka tura, da sun faɗi.

Dalibin_Samaru
Ranka ya daɗe, na yarda da ƙarancin maza, amma shi ya kamata ya sa su lallaɓa abokai. Mai mutum 700 shi ya fi kowa bukatar kada a tsane shi. Wa ya kashe ɗari huɗun? Tibis ɗin da aka zauna mata a kan dutse shekara uku. Kuma 'yan makonni kafin Liyuktira, a yarjejeniyar 371, sharaɗin da aka gindaya musu shi ne su janye harmost daga garuruwa. Kowa ya san inda ƙayar take.

Hajiya_Mai_Alli
Ku ƙara wannan a lissafi. Su kansu Spartawa ba baki ɗaya suke ba. Tirasibulus, jagoran 'yan gudun hijirar Atina, ya taso daga Tibis da mutum 70 ya kama sansanin Fili. A 403 da ya kai ga karya 'yan Talatin, Lisanda ya nemi a naɗa shi harmost ya je ya murƙushe su. Sarki Fausaniyas ne ya biyo shi da runduna ya sasanta mutanen Atina, dimokuraɗiyya ta dawo, aka yi yafiya. Ba don son Atina ba, don kada Lisanda ya mai da ita gonarsa. Daga baya hukumar Sparta ta rushe majalisun goman ma. Saboda haka wani lokaci harmost ba wakilin Sparta ba ne, yaron wani babba ne a Sparta.

Malam_Na_Gwale
Kuma laifi tudu ne. Tibis da ta fi kowa kuka, ba ta yi shekara biyar da nasara ba ta tura nata gwamnonin garuruwan Akaya, Zenofon kuma harmost ya kira su, ina jin da murmushi ya rubuta. Suka kori masu kuɗi, korarrun suka haɗu suka dawo suka ƙwace garuruwan, suka koma bayan Sparta da zuciya ɗaya. Bayan 338 Filibus na Makidoniya ya girke nasa dakarun a kan Kadmiyar nan dai. A 322 aka girke wasu a Munikiya, saman tashar Atina. Korinti da Kalkis da Dimitiriyas har suna aka yi musu, sarƙar ƙafar Girka. Da Rumawa suka zo a 196 suka yi shela a wajen wasannin Istimiya cewa Girkawa 'yantattu ne, ba dakaru ba haraji, sai da aka sa mai shela ya maimaita don mutane ba su yarda da kunnuwansu ba.

TsohonSaje
Malam, su kuma Rumawan kwana nawa suka yi kafin kwano ya fara zuwa da takarda?

Malam_Na_Gwale
Sun janye dakarunsu a 194, Saje, wannan kam sun cika. Shekara 50 bayan shelar suka ƙone Korinti.

Ummu_Hanif
Har yanzu fa ba a ba yaron nan kalmarsa ba. Ni dai gwamnan soja ya fi mini, ko jariri ya san shi.

Sarkin_Musu
Gwamnan soja namu ai ɗan ƙasa ne shi ma, matsalar kantoma ce ta dawo. Kuma wasunsu sun bar abin tunawa, je ka Kano ka zagi Audu Bako ka gani.

BaDamagare
Na ce muku kumandan kun ƙi.

Dalibin_Samaru
Zan ce musu razdan mai kaki, in sun tambaya in ba su labarin tuwon Baba Saje. Hajiya, wani abu ɗaya: su dakaru 700 na Kalibiyas, sun zauna a kan Akrofolis har sulhun Fausaniyas ne, ko sun sauka tun bayan da mutanen Tirasibulus suka far musu da asuba kusa da Fili?